Gidan Dabino da Takardar da 'Yan Fim Suke Yarwa

A shekarar 2009 aka ba Ado Ahmad Gidan Dabino kyautar farko a gasar adabin Hausa ta tunawa da Injiniya Muhammad Bashir Ƙaraye, saboda wasan kwaikwayonsa mai suna Malam Zalimu. A lokacin ya riga ya yi suna ya gama. Littafinsa In Da So Da Ƙauna ya kusa cika shekara ashirin a hannun mutane, ya shirya finafinai, ya shugabanci marubuta a Kano. Mutum irin wannan da zai zauna rubutu, abin da kowa zai zata shi ne ya ƙaro wani labarin soyayya, ko ya tsara fim ya miƙa wa darakta. Sai ya koma ga nau'in rubutun da masu sayar da littattafai suka fi gudu, wato wasan kwaikwayo a takarda, mai kashi-kashi da fitowa-fitowa, sunan ɗan wasa a gefen hagu, maganarsa a gabansa. Daga baya ma ya ƙaro wani, Daƙiƙa Talatin. Ni a ganina, duk cikin shawarwarin da ya yanke a rayuwarsa ta rubutu babu wadda ta kai wannan nauyi, kuma ita ce aka fi tsallakewa idan ana yabonsa.

Matasan yau sun fi saninsa da Malam Adamu na Kwana Casa'in, shirin tashar Arewa24. Iyayensu mata kuwa Sumayya da Muhammad na In Da So Da Ƙauna suke tunawa, da daren da suka kwana suna karatu da fitilar ƙwai a ɓoye. Duka biyun gaskiya ne, amma hanyar da ta kawo shi nan ta fi su ban sha'awa. An haife shi a 1964 a Ɗanbagina, cikin ƙasar Dawakin Kudu, ya tashi a birnin Kano. Karatun allo ya fara yi. Boko kuwa da girmansa ya neme shi, a makarantun yamma na manya, daga baya ya kai ga Jami'ar Bayero ya yi difiloma a fannin sadarwa. Wannan ba ƙaramin abu ba ne a tarihin adabinmu. Marubutan da suka gabace shi, daga Abubakar Imam zuwa waɗanda kamfanin NNPC na Zariya ya buga wa littattafai, yawancinsu malaman makaranta ne ko ma'aikatan gwamnati, kuma hukuma ce ko kamfani ke zaɓar abin da za a buga. Shi da abokansa ba su da wannan gata. A ƙarshen shekarun 1980, lokacin da tsuke bakin aljihu ya karya darajar naira, takarda ta yi tsada, manyan kamfanonin ɗab'i suka taƙaita ga littattafan makaranta, sai matasan Kano suka haɗa kai cikin ƙungiyoyi irin su Raina Kama da Kukan Kurciya. A Raina Kama yake, tare da irin su Balaraba Ramat Yakubu da Ɗan'azumi Baba Ceɗiyar 'Yan Gurasa. Mutum ya rubuta, ya tara kuɗinsa, ya kai maɗaba'a, ya ɗauko ya raba wa masu shago a Bata da Kurmi, sannan ya bi su karɓar ciniki.

In Da So Da Ƙauna ya fito a 1991. Labarin ba mai sarƙaƙiya ba ne: 'yar masu kuɗi ta ƙwallafa rai a kan talaka, gidansu suka ce sai mai hali, ita kuma da ta ga an toshe mata kowace ƙofa ta faɗa rijiya. Abin da ya sa ya kama mutane shi ne yadda mutanen cikinsa suke magana. Wanda ya karanta shi da kunne zai ji cewa marubucin tun a lokacin ɗan wasan kwaikwayo ne. Ya san inda kaka za ta katse magana, ya san yadda budurwa ke amsa wa babba da ladabi alhali ba ta janye ko taku ɗaya ba. Malaman jami'a sun yi ca a kan wannan sabon adabi, Ibrahim Malumfashi ya raɗa masa suna Adabin Kasuwar Kano, Abdalla Uba Adamu da wasu suka tsaya masa, aka shafe shekaru ana gwabzawa a jaridu. Masu karatu dai ba su jira hukuncin kowa ba. A 1994 aka mayar da littafin fim, shi da kansa a gaba.

Tarihin Kannywood da ake ba yara yanzu yana farawa ne da fuskokin jarumai, alhali marubuta ne suka kafa ta. Turmin Danya na 1990, wanda ƙungiyar Tumbin Giwa ta yi, da shi ake fara lissafin finafinan bidiyo na Hausa, kuma marigayi Aminu Hassan Yakasai ne ya rubuta shi, marubucin littafi. Bala Anas Babinlata ya kai littafinsa Tsuntsu Mai Wayo gaban kyamara. Littafin Balaraba, Alhaki Kuykuyo Ne, shi ma an yi fim ɗinsa kafin ƙarshen shekarun 1990. A wancan zamanin labari ne ke gaba, sannan a je neman wanda zai hau shi. Abin ya juya ne wajen 1999, bayan da Sangaya ta yi kasuwar da ba a taɓa gani ba, aka gane cewa waƙa da rawa suna sayar da kaset fiye da komai. 'Yan kasuwar Ƙofar Wambai, waɗanda su ne ke sayen fim su buga su rarraba, suka koma tambaya biyu: waƙa nawa ce a ciki, kuma wa da wa suka fito? Ban zarge su ba, jarinsu suke karewa. Amma daga ranar marubuci ya koma baya, har ta kai wasu finafinan waƙoƙin ake fara ɗauka, sannan a nemi labarin da za a saƙala su a jiki.

Duk wanda ya taɓa tsayawa a lokeshan a waɗancan shekarun ya san yadda abin yake. An ari gidan wani attajiri, an ce a tashi kafin magariba. Janareto yana ƙara a waje, mai kwalliya tana shafa wa jaruma hoda, furodusa yana lissafin kuɗin abinci. Darakta ya zaro takarda biyu ko uku da aka naɗe a aljihu, ya duba, ya ce: "Hajiya, ke kin ji labarin zai ƙara aure, ranki ya ɓaci. Alhaji, kai za ka shigo ka tarar da ita, ka yi ta lallashi, ta ƙi. Daga ƙarshe ki ce ya sake ki. To, mu je." Sai su yi. Sau da yawa ma su yi da kyau, domin Allah ya hore wa 'yan wasanmu baki. Idan aka gama, takardar nan ba mai sake waiwayarta. Wata a bar ta a kan kujerar gidan aro, wata a ƙunshe gyaɗa da ita. Sunan wanda ya rubuta ta zai wuce a farkon fim cikin daƙiƙa biyu, a ƙarƙashin "labari" ko "tsara labari", an biya shi sau ɗaya, shi ke nan an rabu.

Ba raina wasan baka nake yi ba, kuma duk wanda ya raina shi bai san Hausa ba. Tun kafin a kawo mana boko muna da tashe a watan azumi, muna da wasan gauta a fada, muna da 'yan kama da 'yan gambara, ba ɗayansu da ya taɓa riƙe takarda. Usman Baba Pategi, Samanja Mazan Fama, ya shafe shekaru yana sa Arewa dariya da Hausar bariki, kuma abin da ke fita bakinsa a take ya fi abin da marubuta da yawa za su kwana suna gogewa. Haka Kasimu Yero, haka Ƙarƙuzu a Jos, haka Rabilu Musa Ibro. A Nijar ma, ƙungiyoyin wasa na Damagaram da Yazi Dogo a Yamai a kan wannan turba suka gina aikinsu: a zauna a yarda da ƙashin labari, kowa ya san halin wanda zai fito a matsayinsa, maganar kuma ta zo a dandamali. Wata Ba'amurkiya, Janet Beik, ta bi 'yan wasan Nijar ta rubuta littafi a kansu a 1987, kuma dalilinta ne wasu daga cikin wasannin suka sami shiga takarda.

Sai dai mu tambayi kanmu abin da ya rage. Kasimu Yero ya rasu a 2017, Samanja a 2023, Ibro tun a ƙarshen 2014. Wasannin da aka yi a gidajen talabijin na Kaduna da Kano da Sakkwato a shekarun 1970 da 1980, nawa ne za a iya ɗauko su yau a kalla daga farko har ƙarshe? Kaset yana da tsada a lokacin, tashoshi sukan goge tsohon shiri su ɗauki sabo a kansa, wanda ya tsira kuma zafi da ƙura suka ci shi a sito. Abin da ke yawo a intanet guntaye ne, hoto ya dushe, murya tana rawa. Yanzu a dubi ɗaya ɓangaren. Shu'aibu Maƙarfi shi ma a rediyo ya fara, a Kaduna. Amma an buga Zamanin Nan Namu da Jatau Na Kyallu wajen 1959 da 1960, ga su nan har gobe ana karantawa. Tabarmar Kunya ta Adamu Ɗangoggo da Dauda Kano, Uwar Gulma ta Muhammad Sada, Zaman Duniya Iyawa Ne na Yusuf Ladan, duk suna raye domin wani ya ɗauki wahalar zuba su a takarda. Kulɓa Na Ɓarna na Umaru Ɗanjuma Katsina ya fito a littafi a 1979, sai bayan fiye da shekara goma Brendan Shehu ya mayar da shi fim. Ba domin littafin ba, da me zai ɗauka? Ko fim ɗin Shaihu Umar da Adamu Halilu ya yi a 1976, sai da labarin Abubakar Tafawa Balewa ya bi ta hannun Umaru Ladan da Dexter Lyndersay, suka mayar da shi wasan dandamali aka buga. Ban yarda cewa Maƙarfi ya fi Samanja hazaƙa ba. Bambancinsu kawai shi ne ɗalibin da aka haifa bana zai iya haɗuwa da ɗayan cikakke, ɗayan kuwa sai dai a ba shi labari.

Wannan matsala ba tamu ce mu kaɗai ba, kuma misalin da ya fi kama da namu yana tsallaken Sahara. Kateb Yacine na Aljeriya ya yi suna a duniya da littafinsa Nedjma, wanda ya rubuta da Faransanci a 1956. Da shekarun 1970 suka kama, sai ya juya wa wannan suna baya, ya koma yin wasan kwaikwayo da Larabcin da talakawan ƙasarsa ke yi a kasuwa, domin ya ga waɗanda yake rubutu a kansu ba sa iya karanta shi. Ya haɗa ƙungiyar 'yan wasa, suka riƙa bin masana'antu da makarantu da ƙauyuka, har suka kai wa 'yan ci-ranin Aljeriya a Faransa wani wasa a kan ɗan ƙwadago da jakar tafiyarsa. Dubban mutane sun gani. Amma wasannin ana ta sauya su ne daga wannan dandamali zuwa wancan, ba a tsayar da su a littafi ba har ya rasu a 1989. Sai bayan shekara goma aka tattara wasu aka buga, kuma da Faransanci, harshen da ya bari domin ya yi su. Abin ya tsaya mini a rai. Mutum ya sadaukar da shekarunsa na ƙarshe ga harshen mutanensa, amma jikokinsa ta wani harshen za su fi saurin riskar aikin.

Za a ce da ni zamani ya sauya, yanzu ba a goge kaset, komai yana YouTube. Gaskiya ne fim ɗin Hausa bai taɓa yin nisan da ya yi yanzu ba. Saurayin da ya baro Matamaye ko Tasawa, ya bi ta Agadas da Arlit ya tsallaka zuwa Tamanrasset neman abin kansa, ko ya zarce aikin lambu a ƙauyukan duwatsun Ahaggar irin su Tahifet, yana iya tafe da finafinai hamsin a katin wayarsa, waɗanda mai turawa ya zuba masa da 'yan kuɗi kaɗan. Wannan abin farin ciki ne. Amma tasha a YouTube mallakar wani ce, kuma ana rufe ta a dare ɗaya saboda ƙorafin haƙƙin mallaka ko saɓanin abokan hulɗa. Mun ga kaset ya tafi, mun ga faifan CD ya bi shi cikin 'yan shekaru, shagunan da ke sayar da su sun koma sayar da caja da murfin waya. Finafinai nawa na shekarun 2000 ne ko furodusoshinsu ba su da kwafi? Sannan ko da fim ya tsira, abu ɗaya ne tsayayye, an riga an yanke yadda kowace kalma za ta fita. Rubutaccen wasa kuwa kowane zamani yana iya sake ɗaukarsa ya ba shi sabuwar murya.

A nan ne amfanin abin da Gidan Dabino ya yi yake fitowa fili. A je kowace sakandare a Kano ko Katsina ko Gusau a sami malamin Hausa da ke kula da ƙungiyar wasan kwaikwayo. Ranar bikin yaye ɗalibai ta matso, shugaban makaranta ya ce a shirya wasa. Malamin zai buɗe durowa ya ɗauko hoton kwafin Uwar Gulma wanda aka yi daga wani hoton kwafin, shafi na farko ya ɓace, gefen wasu shafukan ya cinye sunayen masu magana, sai ya bi da biro yana mayarwa. Ya raba wa yara, wannan Hayatu, wannan Halima. Wasa ne mai kyau, amma an rubuta shi tun kakannin yaran suna 'yan mata. Rayuwar da su suka sani, ta waya da adaidaita sahu da shaye-shaye da gudun hijira da yajin aikin jami'a, tana cikin ɗaruruwan finafinai, ba ta cikin littafin da za a iya raba musu su haddace. Idan malamin bai sami sabon rubutaccen wasa ba, ƙarshenta yaran su kwaikwayi wani fim da suka gani, har da yadda jarumin ke ɗaga gira. Da haka ba a koyon gina wasa. Mai son ya iya rubutun fim dole ya ga rubutun wani a gabansa, ya ga inda aka shigo da mutum, inda aka fitar da shi, abin da aka faɗa da abin da aka bari mai kallo ya gane da kansa. Tela ma sai ya warware rigar gwani yake gane sirrin ɗinkinta. Mu kuwa mun tara matasa masu son wannan sana'a, ba mu ajiye musu abin warwarewa ba.

Akwai kuma batun mutunci da haƙƙi. A 2007 da 2008 marubuta da 'yan fim na Kano sun shiga tsaka mai wuya. An ƙona littattafai a bainar jama'a da sunan gyaran tarbiyya, Hukumar Tace Finafinai ta jiha, wadda aka kafa tun 2001, ta tsananta, aka ɗaure wasu 'yan fim, aka kuma nemi kowane marubuci ya je ya yi rajista. Gidan Dabino yana cikin waɗanda suka tsaya a gaba a madadin marubuta a wancan lokacin, a matsayinsa na jagoran reshen Kano na Ƙungiyar Marubuta ta Nijeriya. Abin da na lura da shi a wannan rikici shi ne yadda aka riƙa yanke wa sana'a guda hukunci a dunƙule, ana cewa duk shirme ne, duk kwaikwayon Indiya ne. Wanda ke da littafi a hannu yana iya ajiye shi a tebur ya ce a nuna masa shafin da ya ɓata tarbiyya. Wanda aikinsa ya narke cikin fim, darakta ya ƙara, jarumi ya rage, mai waƙa ya cusa nasa, ba shi da abin nunawa, ko a gaban hukuma ko a gaban furodusan da ya ɗauki labarinsa ya sauya masa suna. Shekara guda bayan wannan dambarwa Malam Zalimu ya ci gasa, a 2014 kuma gwamnatin tarayya ta ba marubucinsa lambar girmamawa ta MON. Ba na jin a 1991 akwai wanda ya hango haka ga ɗan makarantar yamma mai buga littafi da kuɗin aljihunsa.

Hujja mafi ƙarfi da za a kawo a kan maganata ita ce ta kuɗi, kuma ba zan yi kamar ban ji ta ba. Rubutaccen wasa ba ya sayuwa sai an sa shi a manhajar jarrabawa. Ko ƙagaggun labarai ma yanzu sun bar takarda sun koma WhatsApp da Wattpad, marubuciya tana sakin shafi-shafi ana biyanta ta banki. Takarda ta yi tsadar da ba a taɓa gani ba. Wa zai zuba jarinsa a abin da zai kwana a shago? Amsata ita ce ba kowane littafi ake bugawa domin layin masu saye ba. Kwafi ɗari biyar da za su shiga ɗakunan karatu na jami'o'i da kwalejojin ilimi da manyan sakandare sun isa su raya wasa shekara hamsin.  Kuma bugawa a yau ba lallai sai da tawada ba. A tace rubutun, a gyara ƙa'idarsa, a sa sunan mai shi da shekara, a ajiye shi a inda ba zai dogara da wayar mutum ɗaya ba. Abin da ya ɓace mana shi ne ɗaukar rubutun a matsayin aiki mai zaman kansa. Mun saba ganinsa a matsayin tsani, da an hau sai a ture.

Abin da ke ba ni ƙwarin gwiwa shi ne kasuwar da ta kori marubuci ita ce ta dawo da shi da kanta. Tun da Arewa24 ta fara aiki a 2014, aka shiga zamanin shiri mai dogon zango, lissafi ya sauya. Fim na awa biyu ana iya yinsa da takarda uku da bakin jarumai. Shirin da zai yi shekaru ana nunawa duk mako, irin Daɗin Kowa ko Kwana Casa'in ko Labarina, ba ya yiwuwa sai da mutanen da za su zauna su riƙe zaren, su tuna abin da wance ta faɗa a zango na biyu domin kada ta ƙaryata kanta a na biyar. Shi ya sa sunaye irin su Nazir Adam Salih da Fauziyya D. Sulaiman da Yakubu M. Kumo suka fara fitowa a bakin masu kallo, kuma ba mamaki da yawa daga masu wannan aiki daga rubutun littafi suka taso. Ma'ana, a yanzu haka akwai dubban shafuka na cikakken rubutun wasan Hausa, da maganganu da bayanin fitowa, kwance a cikin kwamfutoci a Kano. Tun da aka fara buga wasan Hausa a shekarun 1930 ba a taɓa tara irin wannan dukiya ba. Kuma duk tana iya tafiya da lalacewar kwamfuta ɗaya ko rufewar kamfani ɗaya.

Shi kansa Gidan Dabino ina da ƙorafi a kansa, irin ƙorafin da ake yi wa wanda aka san zai iya. Wasannin da ya buga sun yi kaɗan idan aka auna da shekarun da ya yi a harkar da kuma abin da ya sani. Ya ga sana'ar ta kowace kusurwa: ya rubuta, ya buga, ya sayar, ya shirya fim, ya tsaya gaban kyamara, har ya hau gadon sarauta a fim ɗin Juyin Sarauta na Balaraba Ramat. Na so a ce rubutun fim ɗin In Da So Da Ƙauna na 1994 yana nan a buge kusa da littafin, ɗalibi ya ɗora su gefe da gefe ya ga abin da aka zubar da abin da aka ƙara lokacin da labari ya tashi daga shafi ya koma hoto. Darasin da ke cikin wannan kwatanci ya fi lacca goma. Idan rubutun yana nan, a fito da shi. Idan ya salwanta, shi da sauran waɗanda suka yi aikin suna iya zama da fim ɗin su sake kwafe shi, tun ana iya tuna dalilin kowace shawara.

Sauran aikin na masu iko ne da masu ilimi. Sassan Hausa na Bayero da Ahmadu Bello da Usmanu Ɗanfodiyo suna yaye ɗalibai duk shekara waɗanda ke rubuta kundi a kan finafinai, yawancinsu da kallo kawai suke nazari domin ba su da rubutun. Waɗannan sassa suna iya zaɓar finafinai da shirye-shirye goma da suka yi fice, su nemi izinin masu su, su buga rubutunsu da gabatarwa. Ƙungiyar masu shirya finafinai, MOPPAN, tana iya sa wa mambobinta sharaɗin ajiye kwafin rubutu mai ɗauke da sunan marubuci kafin a fita lokeshan, wanda hakan ma zai rage rigimar satar labari. Hukumar tace finafinai, tun da dai aiki yana bi ta hannunta, ta ware ɗaki ta riƙa adana abin da ta karɓa, a miƙa kwafi ga Gidan Ɗan Hausa a Kano ko Gidan Arewa a Kaduna. Masu shirya gasar rubutu kuma su tuna cewa gasar Ƙaraye da ta keɓe shekara guda ga wasan kwaikwayo ita ce ta haska Malam Zalimu. Gasannin da ake yi yanzu kusan duk na gajerun labarai ne da waƙa. A ware wa wasa nasa rukunin, a kuma sa buga wanda ya ci a cikin kyautar.